Kuɗin hayar shago a gaban alƙali: wa zai kawo shaida?

Wata safiya ina zaune a zauren wani mai unguwa a Maraɗi aka shigo da wata magana da har yau nake juya ta a raina. Wani dattijo ne tela, shekara 14 yana ɗinki a shago guda kan hanyar babbar kasuwa. Mai shagon ya rasu bayan babbar salla, aka yi sadakar arba'in, aka raba gado, shagon ya faɗo a rabon ɗaya daga cikin ƴaƴansa. Da yaron ya buɗe kayen da mahaifinsa ke rubuta kuɗin haya, sai ya tarar wata 7 babu komai a gaban sunan tela.

"Baba, ni ban ce kun ci ba," in ji shi, kansa a sunkuye. "Amma ga kaye nan, ku duba da kanku."

Dattijon ko kallon kayen bai yi ba. Ya ce, "Ɗana, ni da mahaifinka ko dala ba mu taɓa rubutawa tsakaninmu ba. Ran Juma'a in an sauko daga masallaci nake miƙa masa, ya zura aljihu, ya ce Allah ya ƙara buɗi. Wata ukun da ya yi a kwance kuwa, direbansa nake ba."

Aka tambayi ina direba, aka ce tun kafin arba'in ya yi arewa neman kuɗi.

Duk wanda ke zauren ya san tela ba maƙaryaci ba ne. Amma da maganar ta wuce zaure ta kai jastis, da ƙyar zai sha. Ma'aunin kotu daban yake da na zaure, kuma ya kamata duk mai ba da hayar shago da duk mai zama cikinsa su san yadda yake aiki tun ran wanka bai zo ba.

Maraɗi gari ne da "na yarda da kai" ya gina. Tun zamanin gyaɗa, har zuwa lokacin da Alhazan garin suka koma fataucin kayan da ke tsallakawa Nijeriya ta Ɗan Isa da Jibiya, baki ne ke ɗaukar dukiya mai yawa. Emmanuel Grégoire, Bafaranshen da ya fitar da littafi kan Alhazan Maraɗi a 1986, ya nuna yadda zaman ubangida da baransa ya zama ginshiƙin kasuwancin garin. A irin wannan gari, ɗan haya ya ce "Alhaji, a rubuta mini rasi" tamkar ya ce ban yarda da kai ba ne. Sai kunya ta hana. Shekaru su yi ta tafiya lafiya lau, har ranar da wani na uku zai shigo tsakani: magaji, ko wanda ya sayi ginin, ko dillalin da aka ɗora kan karɓar haya. Ana gadon shago, ana gadon bashi, amma yardar da ke tsakanin mutum biyu tana bin ɗayansu kabari.

Hayar shago a Nijar tana ƙarƙashin dokar kasuwanci ta bai-ɗaya ta OHADA, ƙungiyar ƙasashe 17 da aka kafa da yarjejeniyar Port-Louis a 1993, mai babbar kotu a Abijan. An yi dokar a 1997, aka sabunta ta a Lome ran 15 ga Disamba 2010, kuma ayoyinta na 101 zuwa 134 ne suka shafi hayar wurin sana'a. Abu na farko da ta tabbatar zai faranta wa tela rai: hayar da aka ƙulla da baki haya ce cikakkiya, ana ɗaukar ta a matsayin wadda ba a yanke mata wa'adi ba. Mutuwar mai shago ba ta kashe ta, sayar da ginin ma ba ya kashe ta. Magajin ba zai ce "ban san ka ba, fita" a bi shi ba.

Inda gizo ke saƙar shi ne wajen rabon nauyin shaida. Nan ana komawa ga dokar farar hula da Nijar ta gada daga Faransa, wadda ayarta ta 1315 ta raba nauyin gida biyu. Wanda ya ce yana bin wani, shi zai tabbatar da tushen bashin. Wanda kuma ya ce ya sauke, shi zai tabbatar ya biya. Aikin mai shago ke nan ya nuna akwai haya, ga kuɗinta, ga lokacin biyanta ya yi. Wannan ba ya ba shi wahala, tunda ɗan haya yana zaune cikin shagon kowa na gani, kuma sau da yawa shi da bakinsa yake amsa cewa haya yake yi. Da zarar ya ce "e, haya nake, amma na biya", kaya ya sauka daga kan mai shago ya hau kansa. Ba a ce wa mai shago ya kawo shaidar ba a biya shi ba, domin ba a kawo shaidar abin da bai faru ba.

Masu ganin wannan ƙa'idar Nasara ce su tambayi malaman fiƙihu. A mazhabar Malikiyya da muke bi, mai da'awa shi ke kawo shaidu, wanda ya musanta ya yi rantsuwa, kuma wanda ya amsa bashi sannan ya ce ya biya ya zama mai da'awa a kan biyan. Ayar da ta fi kowace tsawo a Alƙur'ani, ta 282 a Suratul Baƙara, a kan rubuta bashi da kafa masa shaidu ta sauka. Dokar kotu da littafin malam sun haɗu a nan. Al'adar kunya ce kawai ta ware.

To, me alƙali ke ɗorawa a sikeli, kuma wanne ya fi wanne nauyi?

Takarda mai sa hannun abokin shari'a ita ce kan gaba. Rasi guda da mai shago ya sa wa hannu ya fi maƙwabta goma. Yana nuna adadin, yana nuna watan, kuma yakan yi aikin da ya wuce watansa. Idan ɗan haya ya fito da rasin Satumba da Oktoba, mai shago kuma yana neman kuɗin Yuli, dole alƙali ya yi tambaya: ta yaya aka karɓi na baya-bayan nan aka rubuta, ba a ce uffan kan wanda ya gabace su ba? Wannan alama ce, ba yankakkiyar hujja ba, amma alama ce da ke karkata sikeli.

Sai kaye. Jama'a da yawa sun ɗauka littafin mai shago shi ne alƙali. Dokar farar hula, a aya ta 1331, ta juya abin: rubutun da mutum ya yi a littafinsa na gida ba ya zama hujja a gare shi, amma yana zama hujja a kansa idan ya rubuta cewa ya karɓi kuɗi. Kayen marigayi ke nan yana iya tabbatar wa tela duk watan da aka rubuta, layukan da aka bari fili kuma ba su isa su ce ba a biya ba. Sai dai magajin ba ya ma buƙatar su ce haka, tunda nauyin ba a kansa yake ba. Duk da haka ɗan haya mai wayo zai nemi a buɗe kayen tun daga farko. In aka ga marigayi ya saba tsallake wata 2 ko 3 sannan ya rubuta su a dunƙule, ko akwai wasu ƴan haya da su ma aka bar gabansu fili alhali suna da rasi, to filin ya rasa ƙarfinsa. Littafin ɗan kasuwa da aka tsara bisa ƙa'ida kuma matsayinsa ya fi haka, domin dokar OHADA ta yarda alƙali ya karɓe shi a matsayin shaida.

Waya ta shigo da sabon babi. Aya ta 5 ta dokar OHADA ta ce ana iya tabbatar da harkar kasuwanci a kan ɗan kasuwa ta kowace hanya, har da ta na'ura, aya ta 112 kuma ta yarda a biya haya ta wannan hanyar. Ƴar takardar da ake ba mutum a Nita ko Amana, da saƙon da ke shigowa waya bayan an tura kuɗi, duk ana iya gabatar da su. Amma suna da gurgunta guda: suna nuna kuɗi sun tafi, ba sa faɗin na mene ne. A garin da mai shago kan zama shi ne kuma mai ba ɗan haya kaya bashi, jika 50 da aka tura na iya zama na haya, na iya zama na buhunan shinkafa. Ga kuma lambar da ba sunan mai shago ke kanta ba, ta ɗansa ce ko ta yaronsa. Saƙon murya na WhatsApp kuwa wuƙa ce mai kaifi biyu. Ɗan hayar da ya aika "Alhaji, a ƙara mini haƙuri zuwa ƙarshen wata" ya yi iƙirari da bakinsa, ba zai zo gobe ya ce ba a bin sa komai ba. Haka mai shagon da ya amsa "na gani, saura na wata guda" ya yanke wa kansa iyaka.

Akwai wani lungu a aya ta 5 da ke da muhimmanci ga irin tela. Sakin hanyar shaida a kan ɗan kasuwa yake. Idan abokin shari'ar ba ɗan kasuwa ba ne, misali ma'aikacin gwamnati ko matar da ta gaji mijinta, ɗan kasuwa sai ya fara riƙe wani ɗan rubutu, ko yaya yake, kafin sauran hanyoyin su buɗe masa. Guntun takarda da mai shago ya rubuta da hannunsa shekarun baya na iya zama mabuɗin da zai sa a saurari shaidun baki.

Shaidun baki su ne aka fi kawowa, su ne kuma suka fi saurin karyewa. Mai shayin bakin shago zai rantse ya sha ganin ana miƙa kuɗi. Sai alƙali ya tambaya: nawa ne? Na wane wata ne? Ka ƙirga? Nan sai a yi tsit. Ga kuma tarkon lissafinmu na Nijar: dala tamma 5 ce, ɗari tamma 500 ce, jika tamma 1,000 ce. Shaida ya ce "ɗari biyar aka ba shi", yana nufin tamma 2,500. In tafinta ya yi sakaci aka rubuta 500 da Faransanci, maganarsa ta saɓa da ta wanda ya kawo shi, alhali abu guda suke faɗi. Alƙali kuma yana duba waye shaidan: ƙanen ɗan haya ne, ko almajirin da ke koyon ɗinki a hannunsa? Za a saurare shi, amma maganarsa ba za ta kai ta wanda ba shi da ci ba shi da sha a ciki ba.

In komai ya ƙare sai rantsuwa. Dokar farar hula ta yarda ɗaya ya ɗora wa ɗaya rantsuwar da za ta yanke shari'a, kuma a aya ta 1716 ta ce in an yi gardama kan adadin kuɗin hayar baki kuma babu rasi, ana karɓar maganar mai gini da rantsuwarsa, sai in ɗan haya ya zaɓi a kira masani ya ƙiyasta. A Maraɗi ba a wasa da rantsuwa, mutane da yawa sun gwammace su yi asara da su dafa Alƙur'ani. Amma rantsuwa sai a kan abin da mutum ya yi da kansa. Yaya ɗa zai rantse kan abin da ya shiga aljihun mahaifinsa ran Juma'a? Mutuwa ta tafi da hanyar ƙarshe da ta rage wa tela.

Watanni ukun direba sun fi sauran tsauri. Doka ta ce a biya mai shago ko wakilin da ya ba izini. Wanda ya ba wanda ba a wakilta ba, sai ya nuna mai shago ya amince daga baya, ko kuɗin sun shiga amfaninsa, in ba haka ba ya sake biya. Da za a samu wanda ya ga an sayi maganin marigayi da kuɗin nan, da magana ta canja.

Akwai uzurori biyu da ƴan haya ke shiga kotu da su da ƙarfin gwiwa su fito jiki a sanyaye. Na farko gyara. Damina ta zo, kwano na yoyo, mai shago ya yi kunnen ƙashi, ɗan haya ya kira birkila ya gyara, ya cire daga kuɗin haya. Gaskiya ne manyan gyare-gyare a wuyan mai gini suke. Amma aya ta 107 ta dokar OHADA ta ce in ya ƙi, kotu ake zuwa ta ba da izini, ta yanke adadin da yadda za a mayar. Wanda ya yanke wa kansa hukunci, ba izinin kotu ba rubutaccen amincewar mai shago, ana iya lissafa shi cikin waɗanda ba su biya ba, ko da buhunan siminti na nan a shaida.

Na biyu mutuwar kasuwa. Ba wanda zai musa abin da Maraɗi ta gani lokacin da Nijeriya ta rufe iyakokinta daga Agusta 2019 zuwa Disamba 2020, da kuma bayan juyin mulkin 26 ga Yuli 2023, sa'ad da aka garƙame hanyar Jibiya har zuwa Maris 2024. Faɗuwar naira ma ta ci jarin mutane da yawa. Amma talauci ba rasi ba ne. Abin da doka ta ba alƙali shi ne ikon jinkirta biya ko rarraba shi, bayan ya duba halin mai bashi da buƙatar mai bin sa, muddin bai wuce shekara 1 ba. Ɗan hayar da ya amsa bashinsa ya nemi wannan sauƙin ya fi wanda ya tsaya musun da ba zai iya karewa ba.

Kada masu shaguna su ji wannan su ɗauka kotu tasu ce. Nasu ramin ya fi zurfi, kuma da hannunsu suke haƙa shi. Mutum na bin wata 6, zuciya ta ɗebe shi, ya sayo kwaɗo ya ɗora kan na ɗan haya, ko ya sa a fitar da kaya rana. Daga ranar ya tashi daga mai gaskiya ya koma wanda za a nemi diyya a wurinsa. Aya ta 133 ta shimfiɗa hanya guda: kafin a nemi kotu ta warware haya, sai an aika wa ɗan haya gargaɗi, ta hannun wisiye, wato ma'aikacin isar da takardun shari'a, ko ta wata hanyar da za ta tabbatar ya karɓa. Dole takardar ta faɗi sharaɗin da aka karya, ta kuma sanar da shi cewa in wata 1 ya cika bai gyara ba za a kai shi gaban alƙali a nemi fitar da shi. In ɗaya ya ɓace daga cikin waɗannan, gargaɗin ya ɓaci. "Na aika masa yarona sau uku" ba ta cike wannan gurbi. Mai shagon da ya ƙara haya da baki kuma, ɗan haya bai yarda ba, ba zai lissafa ƙarin cikin bashi ba, domin in ba a daidaita ba kotu ce ke yanke sabon farashi, ta duba wurin da girmansa da tsufansa da abin da maƙwabta ke biya. Wanda ya yi shiru shekara 5 bai nemi haƙƙinsa ba, lokaci na iya cinye shi. Rubutacciyar yarjejeniya kuwa tana ba mai ita gata: bayan umarnin biya, yana iya sa a riƙe kayan ɗan haya na wucin gadi ba sai ya fara neman izinin alƙali ba.

A wajen birni abin ya fi sarƙaƙiya. Dokar 1997 ta taƙaita waɗannan tanade-tanade ga garuruwa masu fiye da mutum 5,000. Gyaran 2010 ya cire wannan iyaka, saboda haka mai injin niƙa a ƙauyen da ke gefen Tibiri da mai hayar ɗakin ajiyar kayan lambu kusa da fadamun noman rani na Jiratawa sun shiga inuwa ɗaya da mai kanti a tsakiyar Maraɗi. Sai dai a can sau da yawa ba wata-wata ake biya ba. Ana cewa "sai kaka", ko "in an sayar da zogale", wani lokaci ma da hatsi ake biya. Kafin alƙali a Gidan Rumji ko Madarunfa ya tambayi ko an biya, sai ya fara gano yaushe aka yi za a biya, kuma da me. Shi ya sa yawancin irin wannan magana a ƙofar mai gari ko fadar sarki take mutuwa. Dokar sarautun gargajiya ta 2015 ta ba sarakuna ikon sulhu, daga Sarkin Katsinan Maraɗi da Sarkin Gobir a Tibiri har zuwa masu unguwanni. Ƙarfin fada shi ne ta san mutane, ta san wanda bai taɓa cin kuɗin kowa ba. Rauninta shi ne sulhun da ba a rubuta ba yana iya tashi bayan shekara, a koma gidan jiya.

Wani zai ce, ashe kotu tana hukunta mutum ne don bai iya rubutu ba. Maganar tana da ƙamshin gaskiya, amma ina ganin ƙa'idar daidai take. Da za a juya ta, a ce mai shago ya tabbatar ba a biya shi ba, da duk mai taurin ido ya zauna kyauta, marayu da zawarawan da hayar shago ɗaya ke ciyar da su kuma su ne za su fara kwana da yunwa. Gyaran da ake buƙata a wani wuri yake. Tunda kundin mulkin ƙasa da aka ƙaddamar a Maris 2025 ya mai da Hausa harshen ƙasa, me zai hana ƙungiyoyin ƴan kasuwa da ma'aikatar magajin gari su buga takardar haya mai shafi guda da Hausa, boko da ajami, mai gurbin suna da adadi da ranar biya da sunan wanda aka yarda ya karɓa? Me zai hana kowane sulhun fada ya ƙare da rubutu, kowa ya tafi da nasa? In takardar ta zama abin da kowa ke yi, neman ta ya daina zama cin fuska, kamar yadda ba wanda ke jin haushi don an kira shaidu wajen ɗaurin aure.

A zauren nan dai ba a je jastis ba. Mai unguwa ya kira mutum biyu da ke sallar Juma'a sahu ɗaya da marigayi, suka faɗi abin da suka saba gani. Yaron ya ce ya yafe maganar wata 4 da mahaifinsa ke kan ƙafarsa. Na direba kuma aka raba biyu, tela ya ɗauki rabi, yana cewa kuɗin da ya riga ya biya ne zai sake biya, amma ba komai. Mai unguwa ya sa aka rubuta, kowa ya sa hannu.

Da wata ya ƙare na bi ta gaban shagon, na tarar da yaron a tsaye, dattijon ya ɗauko wani sabon ƙaramin kaye daga ƙarƙashin keken ɗinki ya miƙa masa da biro.

Yaron ya ja da baya. "Haba Baba, tsakanina da ku?"

"Rubuta, ɗana," in ji tela. "Ni na yarda da kai. Ɗanka ne ban sani ba tukuna."